A Bar Gyartai Ya Kayar da Farfesa a Talabijin

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya kai da abokan aikinka, ina roƙon ka ba ni fili in yi magana a kan yadda kafofin watsa labaranmu, har da jaridarku, suke nuna masu sana'ar hannu. Ni baduku ne ɗan baduku a nan Sakkwato. Na yi shekaru ina koyar da Turanci a firamare, da na yi ritaya sai na koma rumfar mahaifina na ɗauki basilla. Na zauna da masu alli, na zauna da masu fata, don haka ina ganin ina da bakin magana.

Duk ran da aka tuna da mu, labarin iri ɗaya ne. Kanun labari: sana'ar kaza tana neman ɓacewa. Hoto: tsoho ya yi tagumi a bakin rumfa. Layin ƙarshe: ya yi kira ga gwamnati da ta kawo musu ɗauki. Kwanakin baya wasu samari suka zo shiyyarmu da kyamara daga wani gidan talabijin da ba sai na faɗi sunansa ba. Suka tsaya a kan wani dattijo da ya fi shekara hamsin yana ɗinkin gafaka, irin wadda ake saka Alƙur'ani rubutun hannu a ciki. Ko gaisuwa ba ta gama sauka ba yaron ya miƙa masa makirfo ya ce, "Baba, waɗanne ƙalubale kuke fuskanta?" Dattijon ya dube shi ya ce, "Ɗana, tun da kaz zo ba ka tambaye ni mi nika yi ba." Suka yi dariya, suka sake maimaita tambayarsu. Da aka nuna shirin, an yanke maganar tasa, an bar inda yake cewa fata ta yi tsada.

Fata ta yi tsada, ba ƙarya ya yi ba. Amma mutumin da ya san yadda ake fere fatar akuya har ta yi laushin da za a naɗe ta a yatsa, ya san zanen da ya dace da gafaka da wanda ya dace da kube, ai ba abin tausayi ba ne. Masani ne. Abin da nake so in nuna shi ne, tun talabijin yana jariri wasu suka gano dabarar da za ta zaunar da irin wannan mutum a matsayin masani, jama'a kuma su yi dafifi su kalla.

A ranar 2 ga Fabrairu 1950 gidan talabijin na CBS a Amurka ya fara wani shiri mai suna What's My Line?, wanda Mark Goodson da Bill Todman suka shirya. Ya ci gaba a wannan gida har Satumba 1967, galibi daren Lahadi. Yanzu tsofaffin faifansa suna nan birjik a YouTube, baƙi da fari, ɗana ne ya nuna mini yadda zan nemo su a waya. Tsarinsa ba wuya. Mutum huɗu sanannu suna zaune a jere. Sai baƙo ya shigo, ya rubuta sunansa a allo, ya zauna kusa da mai gabatarwa, John Daly, wanda ɗan jarida ne. A rubuta sana'ar baƙon a fuskar talabijin, masu kallo a gida da na cikin zauren su gani, mutum huɗun nan kuwa ba su gani ba. Aikinsu su gano sana'ar ta hanyar tambayoyin da amsarsu e ce ko a'a. Muddin ana ce maka e, kai ke da baki. Da an ce a'a, magana ta koma ga na kusa da kai, Daly ya juya kati ɗaya, baƙo ya samu dala 5. In a'a ta kai goma, baƙo ya yi nasara, ya tafi da dala 50.

Su wa ke zaune a kujerun tambaya? Dorothy Kilgallen, wadda sharhinta ke fitowa a jaridu da yawa. Bennett Cerf, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa kamfanin buga littattafai na Random House. Arlene Francis, 'yar wasan kwaikwayo. Wato masu ilimi da suna da sutura. A gabansu kuma wani talaka ne daga ƙauye, ko wata tsohuwa da ba wanda ya taɓa jin sunanta, tana murmushi tana cewa a'a. Na rabin sa'ar nan duniya ta juye: wanda kullum ake yi wa bayani shi ne yake riƙe da sani, masu bayani kuma suna lalube a cikin duhu, ƙasa gaba ɗaya tana kallonsu tana dariya. Akwai ɓangaren da ake ɗaure musu ido a kawo wani tauraro ya sauya murya, kuma na san shi ne mutane suka fi nema a intanet yau. Ni dai tsallake shi nake yi. Tauraro kullum yana talabijin.

Ingila ta ɗauki shirin a 1951, BBC ta riƙa nuna shi har 1963, Eamonn Andrews ne ya fi daɗewa yana gabatarwa. Su sun ƙara wani abu da ya burge ni: kafin a fara tambaya, baƙo zai kwaikwayi motsin aikinsa da hannu, ba kayan aiki, ba magana. Wanda ya gagari masu tambaya takardar shaida ake ba shi ya kai gida. A cikin duk waɗanda suka zo, wanda Turawan Ingila ba su manta ba har yau shi ne wani ma'aikaci daga masana'antar tangaran ta yankin Stoke-on-Trent. Bari in ɗan tsaya a kan aikinsa, don shi ne ya sa na ɗauki alƙalami.

A wancan zamani da kwal ake gasa kwanukan tangaran, a cikin manyan matoya na bulo masu siffar kwalba. In harshen wuta ko hayaƙi ya taɓa kwano, ya ɓaci. Saboda haka sai a jera kwanukan a cikin wasu akwatuna na yumɓu mai jure zafi, a ɗora akwati kan akwati har sama. Yin akwatin nan sana'a ce mai zaman kanta, da gwaninta. Shi kuma gwanin yana da mataimaki, wanda aikinsa ɗaya tak: ya ɗauki curin yumɓu ya saka a cikin zoben ƙarfe, ya yi ta dukansa da ƙatuwar guduma ta itace har ya baje ya cika zoben daidai, ya zama gindin akwatin. Shi ke nan aikinsa, safe da yamma. In gindin ya fi kauri a gefe ɗaya ko iska ta maƙale a ciki, akwatin zai iya tsagewa a wuta, kayan da ke cikinsa da na ƙarƙashinsa su tafi a banza. Matan London da ke shan shayi a cikin waɗannan kofuna ba su taɓa sanin akwai shi a duniya ba sai da ya zauna a gaban kyamara. Bayan 'yan shekaru, dokar tsabtace iska ta 1956 ta sa aka daina gashi da kwal, aka koma gas da lantarki, sana'ar ta tafi. Matoyan da suka rage a tsaye a birnin yau ba su kai 50 ba, wasu an mai da su gidan tarihi. Amma sunan aikin mutumin nan, da Turanci saggar maker's bottom knocker, wato mai dukan gindin akwati, ya zauna a bakin mutane, kuma shirin wasa ne ya zaunar da shi, ba rahoton jaje ba.

Ba na cewa shirin ba shi da aibu. Sau da yawa abin dariya ake nema, shi ya sa suke son kawo mace mai aikin da aka saba gani a hannun maza, ko mai sayar da wani abu da ambatonsa ke sa kunya, don tambayar da aka yi da zuciya ɗaya ta zama abin ƙyaƙyatawa. A shekarun farko a Amurka har sa baƙo ake yi ya bi ta gaban masu tambaya su duba hannunsa da tufafinsa, kamar ragon layya a Kara. Daga baya suka daina, kuma sun kyauta. Babban abin da ya fi ba ni haushi shi ne, da an gano sana'ar sai a tafa, a yi musabaha, a sallame shi. Minti biyu ma ba a cika ba shi ya faɗi yadda ake aikin ba. An kawo masani, an tabbatar masani ne, sannan an kore shi kafin ya koyar da komai.

Kuɗin kuwa da gangan aka bar shi kaɗan, kuma hakan ya yi musu rana. A ƙarshen shekarun 1950 asirin wasu shirye-shiryen kacici-kacici masu ba da dubban daloli ya tonu a Amurka, aka gano ana ba wasu 'yan takara amsa a ɓoye, har majalisar dokoki ta zauna a kan maganar a 1959. Shirye-shirye da dama suka rushe. Wannan na dala 50 ya wuce lafiya, don ba wanda zai sayar da mutuncinsa a kan wannan. Jamusawa ma da suka yi nasu tun daga 1955, Robert Lembke yana gabatarwa, mark 5, kuɗinsu na lokacin, ake jefawa a asusu duk a'a ɗaya, kuma shirin, ban da hutun 'yan shekaru da ya yi a tsakani, ya ci gaba har mutumin ya rasu a 1989. Masu shirya mana gasa a yau, da ke ganin sai an ɗaga hoton mota da miliyoyi kafin mutane su kalla, su yi tunani a kan wannan.

Mu talabijin bai makara wajen zuwa mana ba. An buɗe na Ibadan a ranar 31 ga Oktoba 1959, na Kaduna ya biyo baya a 1962, aka haɗa gidajen ƙasar a ƙarƙashin NTA a 1977. A nan muna da NTA Sakkwato, muna da Rima, ga kuma yaran da suka buɗe tashoshinsu a waya. Wasan kwaikwayo mun yi, wa'azi mun yi, kacici-kacicin 'yan makaranta mun yi har mun gaji: wane ne gwamnan kaza, mene ne babban birnin kaza. Me zai hana a gwada wannan? Ba ya bukatar komai sai kujeru shida da allo.

Kuma in ana maganar sana'o'in da za su ɗaure wa mai digiri kai, wane gari ne zai gaya wa Sakkwato? Sunayen shiyyoyinmu kaɗai sun isa shaida: Maƙera Asada, Madunka, Marina, Takalmawa. Ɗauki mai yin tandu. Yaran yanzu sun ga tandun kwalli a ɗakin kakarsu, amma tambaye su yadda aka yi fata ta zama kwalba ba ɗinki ko ɗaya. Mai tandu yakan fara gina siffar da yumɓu, ya bar ta ta bushe. Sai ya jiƙa ɗanyar fata ta yi laushi sosai, ya lulluɓe siffar da ita, ya shafe, ya yi ado, ya shanya. In ta bushe ta ƙame, sai ya farfasa yumɓun da ke ciki ya zazzage shi ta baki. To a zaunar da shi gaban wani farfesa daga jami'ar Ɗanfodiyo.

"Malam, abin da kake yi ana ci?"

"A'a."

"Da ƙasa kake aiki?"

"E."

"Kana gina abu da ita?"

"E, ranka ya daɗe."

"To ai maginin tukwane ne!"

"A'a."

"Abin da ka gina, shi kake kaiwa kasuwa?"

"A'a, fasa shi nika yi."

Ina so in ga fuskar farfesan a wannan lokaci.

Ga gyartai, mai bin gida-gida yana ɗinke ƙwaryar da ta tsage har ta sake riƙe nono. Ga mai koɗa dutsen niƙa, wanda in dutse ya yi santsi ya daina cin hatsi shi ake kira ya yi ta sara fuskarsa har ta yi kaushi. Injin niƙa ya kusa gamawa da shi, kuma shi ne ɗan'uwan mai gudumar Ingila na haƙiƙa, don kowa ya ci tuwon aikinsa ba wanda ya san shi. Ga mabuga da ke dukan rinannen yadi a kan gungume har ya yi ƙyalli. Ga mai shafen makuba, ga mai dafa tawadar allo, ga mai shiga rijiya ya ciro gugan da ya faɗa, ga mai ɗaurin sirdi da lifidin dawakin sallah.

Sai kuma majemi, wanda ba don shi ba da ni ban da abin yi. Mutane sun san fatar jar akuyar Sakkwato ta yi suna, sun ji cewa ayari ne ke ƙetare Sahara da ita, Turawa suka saye ta daga hannun 'yan kasuwar Arewacin Afirka suka laƙaba mata sunan Maroko, suka riƙa yi wa littattafansu masu daraja bango da ita. Wannan kowane ɗan jarida ya haddace. Abin da ba a faɗa shi ne abin da ke faruwa tsakanin wuƙar mahauci da teburina. Fata sai ta kwana a ruwan toka har gashi ya saki, a kankare. A saka ta a ruwan kashin kaji ko na tantabara don ta saki jiki, kuma a nan gwaninta take: in an cire da wuri ta yi tauri, in an bar ta ta wuce lokaci ta lalace, majemi kuwa da yatsa yake ganewa, ba da agogo ba. Sannan a daka bagaruwa a jiƙa, a yi ta cuɗa fatar a ciki har jima ta kama ta ciki da waje. A shafa mai, a ja, a murza. Ja kuma daga karan dafi yake fitowa, a haɗa da kanwa. Wannan ilimin haɗa sinadarai ne tsantsa, ana koyar da irinsa da Turanci a cibiyar nazarin fata ta Zariya, ana ba da takarda. Wanda ya gaje shi tun daga kakanni kuwa sai a toshe hanci in an wuce ta ƙofar gidansa.

Wannan ya kawo ni ga abin da zai fi ba mai shirya irin wannan shiri wahala, kuma gara a faɗe shi a fili. A ƙasar Hausa ba duk sana'a ce ake ɗaga kai a ambata ba. Akwai gidajen da har gobe in majemi ko mahauci ko wanzami ya aiko neman aure, za a ce a dakata a yi shawara, shawarar da ba ta ƙarewa. Na san 'ya'yan masu sana'a da suka yi karatu suka samu aikin ofis, in an tambaye su aikin mahaifinsu sai su ce ɗan kasuwa ne. Irin wannan yaro ba zai so a nuna tsohonsa a talabijin ba, musamman in abin zai zama na dariya. Don haka in za a yi, dole dariyar ta faɗa kan masu tambaya, kada ta taɓa baƙo ko kaɗan. Mai gabatarwa ya zama dattijo mai kamun kai wanda zai kira baƙo da Malam ko Baba ko Inna, ya tashi tsaye in ya shigo. In an sa ɗan barkwanci mai neman suna a wannan kujera, an kashe shirin tun ranar farko, kuma ba mai sana'ar da zai sake taka ƙafa.

Wanda ke ganin wannan raini al'adarmu ce ta asali, ya koma tarihin garin nan. An ruwaito Shehu Usmanu da kansa yana tufkar igiya don ya ci daga hannunsa. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya yi mulki daga 1817 zuwa 1837, a cikin nasihar da ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje, ya sa kula da masu sana'a a cikin wajiban shugaba, ya ambaci manoma da maƙera da maɗinka da marina da mahauta da masassaƙa, ya ce a zaunar da su a kowane gari. Sarautun Sarkin Maƙera da Sarkin Fawa da Sarkin Aska ba don ado aka yi su ba.

Sauran matsalolin ƙanana ne. Marini hannunsa zai tona shi tun daga ƙofa, sai a ba shi safar hannu, ko a bar shi ya naɗe hannu a cikin riga. Sakkwato kuma gari ne da kowa ya san kowa, in ka ce ga wane daga shiyya kaza an gama gano ka, don haka kada a faɗi shiyya, a kuma riƙa ɗauko baƙi daga Wurno da Gwadabawa da Tambuwal da Illela. Mata masu sana'a a cikin gida, masu saƙar faifai da masu kaɗi da masu daddawa da masu man shanu, da yawa ba za su zo gaban kyamara ba, wasu kuma mazansu ba za su bari ba. Wannan sai a yi na rediyo, ai tambaya da amsa ba sa bukatar hoto. Hasali ma na fi zaton a rediyo shirin zai fi kai wa ga mutanen karkara.

Ba ma sai mun ari katin Daly ba. Muna da namu tun muna yara a dandali: in an yi maka kacici-kacici ka kasa, sai ka ba da gari kafin a faɗa maka amsa. To duk a'a ɗaya, masu tambaya su ba baƙo gari. Ya ci Bodinga, ya ci Yabo, ya ci Argungu, in ya tara goma ya cinye su. Kowane gari a ɗora masa ɗan abin da zai sayi kayan aiki, kada ya yi yawan da zai jawo 'yan ƙarya. Kujerun tambaya kuwa a cika su da waɗanda jama'a ke ganin sun san komai: malamin jami'a, likita, lauya, babbar 'yar jarida. In an samu kwamishinan da zai yarda a ce masa a'a sau goma a bainar jama'a, a kawo shi, zai amfana.

Inda nake so mu wuce Turawan shi ne bayan an gano, ko an kasa. Kada a sallami baƙo da tafi. A shimfiɗa masa tabarma, a kawo kayan aikinsa, a ba shi minti goma ya yi aikin ana kallo, masu tambaya su sauko daga kujera su tsuguna su gwada da hannunsu. A faɗi wurin wanda ya koya, da shekarun da ya yi kafin a bar shi ya taɓa aikin mutane shi kaɗai. A faɗi kasuwar da ake samunsa da ranar da take ci, don mai son saye ko mai son kawo ɗansa koyo ya san inda zai nufa. Gidan da ya ɗauki shirin kuma ya adana faifan da kyau, kada a goge a ɗora jawabin wani taro a kai.

Ku ma a jarida kuna iya farawa tun kafin masu talabijin su farka. Ku ware ɗan gurbi kowane mako, ku sa hoton hannun mutum da kayan aikinsa guda ɗaya, ku ba da alamu uku, masu karatu su aiko da amsa, mako mai zuwa ku buga hira da shi a kan yadda ake aikin. In wakilinku na Sakkwato yana son wanda zai raka shi, ya shigo Madunka da hantsi kowace rana ban da Juma'a, ya tambayi rumfar tsohon malamin makaranta. Zan fara kai shi wurin mai tandu.

Na gode da wannan fili. Allah ya ƙara wa jarida albarka.

Naku,
Wani baduku, tsohon malamin firamare,
Madunka, Sakkwato.